Me Ya Sa Ake Buga Wasan Ƙarshe Na Kofin Zakarun Afirka Gida Da Waje?

Tambaya: Malam, a Turai wasa ɗaya ake bugawa a ɗaga Kofin Zakarun Turai. Me ya sa mu a Afirka sai an buga gida da waje? Ko ba mu ci gaba ba ne? Daga wani mai karatu a Gusau.

Amsa: Ɗan'uwa, batun ba na ci gaba ba ne. Hukumar ƙwallon ƙafa ta Afirka, CAF, ta gwada irin tsarin Turai har sau uku, daga 2020 zuwa 2022, kuma ta ga abin da ya biyo baya.

Abin da ya tura ta gwajin shi ne rikicin 2019. An tashi 1-1 a Rabat tsakanin Wydad ta Moroko da Esperance ta Tunisiya. A wasa na biyu Esperance na gaba da ci ɗaya, Wydad ta farke, alƙalin wasa ya soke ƙwallon. 'Yan wasan Wydad suka nemi a duba VAR, wato na'urar bidiyo mai taimaka wa alƙalin wasa, ashe na'urar ba ta aiki. Suka ƙi ci gaba da wasa, aka miƙa wa Esperance kofi.

To, wasa ɗayan ma bai kawo zaman lafiya ba. A 2022 aka kai shi filin Mohammed V na Casablanca, wato gidan Wydad, ta doke Al Ahly ta Masar 2-0 a gaban magoya bayanta. Masarawa suka ce ba a yi musu adalci ba, kuma ni ma ina ganin suna da gaskiya. A 2023 aka dawo gida da waje, ƙungiyoyin nan biyu suka sake haɗuwa, Al Ahly ta ɗauki kofin da jimillar 3-2.

Babbar matsalar ita ce tafiya. Bature ya hau jirgin ƙasa ko jirgin sama mai araha ya je kallo ya dawo. Mai goyon bayan ƙungiyar Najeriya kuwa, in aka kai wasan wata ƙasa, ga kuɗin jirgi, ga biza, ga masauki. Talakan da ya bi ƙungiyarsa tun zagayen farko sai ya ƙare a gidan kallo.

Tuna Enyimba a 2003. Ta ci Ismaily 2-0 a Aba, ta sha kashi 1-0 a Masar, ta zama ƙungiyar Najeriya ta farko da ta ɗauki wannan kofi. A 2004 Etoile du Sahel ta Tunisiya ta ci ta 2-1 a Sousse, Enyimba ta rama 2-1 a Abuja, aka tafi bugun fenariti. Dab da tashi aka fitar da Vincent Enyeama aka sa Dele Aiyenugba a raga saboda bugun, Enyimba ta yi nasara 5-3. 'Yan Najeriya sun ga wannan da idonsu ne saboda akwai wasan gida.

Inda nake da ƙorafi shi ne dokar ƙwallon waje, wato in jimillar ƙwallaye ta zo daidai, wadda ta fi cin ƙwallo a gidan abokiyar karawarta ita ke nasara. Hukumar ƙwallon ƙafa ta Turai, UEFA, ta soke ta tun 2021. Da ita Zamalek ta Masar ta ɗauki Kofin Confederation, gasa ta biyu ta ƙungiyoyin Afirka, a 2024 a karawarta da RS Berkane ta Moroko, alhali jimillar ƙwallaye 2-2 ce. Da an bar su sun je ƙarin lokaci, da ya fi kwanta mini a rai.