Amsoshin tambayoyinku: PSP na hannu, memorin jabu da batirin da ya kumbura

Tambaya: Malam, na tara ɗan kuɗi ina so in sayi PSP na hannu, ƙaramar na'urar buga gem ɗin nan ta kamfanin Sony, in koma wa gem ɗin da muka buga muna yara, su Contra da Sonic da Winning Eleven na PS1. Mai shago ya ce akwai wanda aka buɗe da wanda ba a buɗe ba, kuma buɗaɗɗen ya fi tsada. Wanne zan ɗauka? Daga Kano.

Amsa: Ƙanena, ka ɗauki mai lafiya, kada ka biya ko kwabo a kan buɗewa. Abin da suke kira buɗewa shi ne ɗora wa na'urar wata manhaja da masu sha'awa suka rubuta, irin su PRO ko ARK-4, wadda ke ba ta damar karɓar shirye-shiryen da ba kamfanin Sony ya sa wa hannu ba. Kyauta ake samunta, kuma aikin ba ya wuce 'yan mintoci. Kowane samfurin PSP yana buɗuwa, har mai ɗauke da 6.61, wato sabuntawa ta ƙarshe da Sony ya fitar. Sharaɗin kawai batir ya cika, caja na jone, domin in wuta ta yanke tana tsakiyar rubuta wa kanta manhaja, na'urar na iya mutuwa.

Inda ya kamata ka sa ido shi ne jikinta. PSP ta fito a Japan a 2004, an daina ƙera ta a 2014, saboda haka duk wadda ka gani ta kwana biyu, komai ƙyallin murfin da aka sauya mata. Ka nemi samfurin 2000 ko 3000. Sun fi na 1000 rashin nauyi, ƙwaƙwalwar aikinsu kuma 64MB ce, ta 1000 kuwa 32MB. Ka danna kowane maɓalli a gaban mai shago, ka juya ɗan madannin nan na hagu ka ga ko hoto na tafiya shi kaɗai, ka buɗe baya ka duba batir.

Contra da Sonic da gem ɗin Game Boy za su tafi sumul. Na PS1 ma haka, tunda Sony da kansa ya gina mata hanyar buga su. Na Super Nintendo wasu na tafiya, wasu na jan ƙafa. Nintendo 64 kuwa ka cire rai.

Tambaya: Wani ya ce in ƙara masa kuɗi zai sa mini gem ɗin PS2 da GTA V da eFootball na bana a PSP ɗina. Da gaske ne? Daga Kaduna.

Amsa: Ƙarya ne. Gudun injin PSP bai wuce 333MHz ba, kuma babu manhajar da za ta ƙara wa ƙarfe ƙarfin da ba a ƙera shi da shi ba. Abin da ake yawo da shi da sunan eFootball na bana, tsohon PES ne na PSP aka sauya wa 'yan wasa suna da riguna. In yana maka daɗi ka buga abinka, amma kada ka biya kuɗin sabo. Wannan tambaya ta sha zuwa, don Allah a bar ta haka.

Tambaya: Na yi odar R36S, ƙaramar na'urar buga tsofaffin gem, ta intanet, an rubuta 128GB da gem dubu ashirin. Sati biyu lafiya lau. Yanzu wasu gem ɗin sun daina buɗewa, inda na tsaya a wasa ya ɓace, jiya kuma ta tsaya a baƙin allo. Na'urar ce ta lalace? Daga Damagaram.

Amsa: Da wuya in na'urar ce, ɗan'uwa. Memori ne. A nan zan ɗan daɗe, domin babu inda kuɗin mutanenmu ke zurarewa a wannan harka kamar wurin ɗan katin nan da bai kai farce girma ba.

Matsala iri biyu ce. Ta farko, katin da ake haɗowa da irin waɗannan na'urori masu araha yawanci marar suna ne, mafi ƙasƙanci da aka samu a masana'anta. Yana aiki yau, gobe ya tafi da komai. Ta biyu ta fi muni, ita ce katin da ke ƙarya a kan girmansa. A cikin kowane memori akwai ɗan sashen da ke gaya wa waya ko kwamfuta adadin abin da zai iya ɗauka. Masu jabu sai su ɗauki kati mai 8GB ko 16GB, su sauya wannan bayani ya riƙa cewa 128GB ne, su buga tambarin SanDisk ko Samsung a bayansa. Kamar mudun da aka doke wa gindi ne: a ido mudu, a awo kuwa an cuce ka. Muddin abin da ka zuba bai wuce ainihin girmansa ba, ba za ka ga komai ba. Da zarar ka wuce, sabon abu ko dai ya bi iska, ko ya hau kan tsoho ya shafe shi. Sunayen fayilolin kuma suna nan reras a jere, domin jerin suna daban ake ajiye shi. Shi ya sa kake ganin gem ɗin da idonka, ka danna, ya ƙi buɗewa.

Abin da ke ɓata mini rai shi ne yadda muke gwada memori a kasuwa. Mai shago zai sa maka a waya, ya nuna maka 128GB a allo, ka ce madalla, ka biya. Wannan gwajin bai gwada komai ba, tunda lambar da ka gani ita ce ƙaryar da aka rubuta a ciki. Yi masa fomat ma ba ya tona shi, ba ya kuma gyara shi. Gwaji ɗaya ne na gaskiya: a cika katin har baki, sannan a karanto abin da aka zuba a ga ko ya dawo yadda ya shiga. Akwai ƙaramar manhaja ta kyauta mai suna H2testw da ke yin haka a kwamfuta mai Windows. Babban kati yakan ɗauki sa'o'i, saboda haka ka yi yarjejeniya da mai shago tun kafin ka miƙa kuɗi cewa in ya faɗi gwaji za ka dawo da shi. Wanda ya ƙi wannan sharaɗi ya riga ya gaya maka abin da yake sayarwa. Kuma kada ka tayar da rigima in ka ga kati mai 128GB ya nuna wajen 119, ko mai 32GB ya nuna wajen 29. Wannan bambancin lissafi ne tsakanin masu ƙerawa da kwamfuta, kowane kati na gaske haka yake nunawa.

Ni fa ban san me ya sa muke kwaɗayin manyan lambobi ba. Super Mario Bros na 1985 gaba ɗayansa kilobait 40 ne, hoto guda a wayarka ya ninka shi sau da yawa. Gem ɗin Game Boy Advance mafi girma bai wuce 32MB ba. Faifan PS1 bai wuce wajen 700MB ba, na PSP kuma 1.8GB ne iyakarsa. Kati mai 32GB na gaske zai ɗauki abin da ba za ka gama bugawa ba cikin shekara. Amma sai mutum ya ga 256GB a farashin da ko 32GB na kirki bai kai ba, ya ɗauka ya yi wa ɗan kasuwa wayo. Duk wanda ya san kuɗin memori a kasuwar waya ta Farm Centre a Kano ko Banex a Abuja ya san wannan lissafi ba ya fita. Shi kansa zancen gem dubu ashirin haka yake. Gem ɗaya ake maimaitawa, na Japan, na Amurka, na Turai, da wanda wani ya sauya wa launi, ga tarin waɗanda rubutunsu duk Japananci ne. Waɗanda za ka buga da gaske ba za su cika talatin ba.

Ga abin yi yanzu. Kada ka jefar da tsohon katin, kada kuma ka yi masa fomat. Sa shi a kwamfuta, ka kwafe duk abin da ya yarda ya kwafu, musamman fayilolin da ke sashen farko na katin manhaja, waɗanda sunansu ke ƙarewa da .dtb. R36S iri-iri ce, allonta ba ɗaya ba ne, ga kuma na kwaikwayo da suka cika kasuwa. Waɗannan fayiloli su ne ke gaya wa manhaja irin allon da ke jikin taka. In ka rasa su, kana iya ɗora sabuwar ArkOS, wato manhajar da ke tafiyar da na'urar, lafiya ƙalau amma allo ya ƙi kawowa. Sai ka sayi kati biyu na gaske, tunda rami biyu gare ta: ƙarami na manhaja, ɗayan na gem. Daga nan ka saba kashe ta ta cikin jerin zaɓi, ka daina danne maɓalli har ta mutu, domin wannan ɗabi'a ma tana lalata kati. Caja kuma mai 5V ta yau da kullum, a ramin da aka rubuta DC.

Masu PSP, wannan magana har da ku. Ita Memory Stick Pro Duo take amfani da shi, kuma nasa jabun ya daɗe a kasuwa. Ku sayi ɗan gidan nan da ake zura microSD a ciki, ku sa kati na gaske, ku bar PSP ɗin ta yi masa fomat da kanta.

Tambaya: Malam, yarona ya gāji PSP daga kawunsa. Kwanan nan na ga murfin bayan ya ɗago, ba ya rufuwa. Yana kwana da ita a ƙarƙashin matashi, wani lokaci tana caji. Hankalina ya tashi, tun ranar ban yi barcin kirki ba. Daga Zariya.

Amsa: Hajiya, Allah ya saka da alheri da kika lura, ki kwantar da hankalinki, abin yana da sauƙi. Batir ne ya kumbura, kuma tsofaffin batiran PSP sun saba haka. Yau ɗin nan ki cire shi daga caji, ki zame murfin, ki ɗago batirin da yatsa a hankali. Kada a sa wuƙa ko allura, kada a matsa shi don ya koma daidai, domin hudawa ce ke sa irinsa kama wuta. Ki sa shi a gwangwani mai yashi, a inuwa, nesa da murhu da tukunyar gas da hannun yara, kada kuma ya shiga sharar da ake ƙonawa. Ki ba mai gyaran waya ya san yadda zai yi da shi.

Na'urar ba ta mutu ba, tana kunnuwa da caja ko babu batir. In za ki sayi sabo, ki san cewa na asali 1200mAh ne a samfurin 2000 da 3000, 1800mAh a na 1000. Wanda aka rubuta wa 3600 a jiki ɗaya da na asali, lambar ado ce kawai. Batun kwana da ita a ƙarƙashin matashi tana caji kuwa a daina, ko da sabon batir ne, balle a zafin watan Afrilu. Ki gaya wa yaron cikin lallashi, ba laifinsa ba ne.

Tambaya: Ina da Nintendo Switch Lite, ina wasa da abokai ta intanet. Wani mai gyara ya ce zai buɗe mini in riƙa buga tsofaffin gem. In ba shi? Kuma akwai laifi a ciki? Daga Abuja.

Amsa: Kada ka ba shi. Switch ɗin da ke buɗuwa ba tare da an taɓa cikinsa ba shi ne wanda aka sayar daga 2017 zuwa wajen tsakiyar 2018, saboda wata kafa da aka gano a injinsa. Lite da OLED da sauran na baya sai an farke su an liƙa wani ɗan guntun na'ura da dalma a wurare masu ƙanƙantar gaske. Hannu ya ɗan karkace, shi ke nan. Ko aikin ya yi kyau, in Nintendo ya gano yana iya toshe na'urar daga intanet ɗinsa har abada, kai kuma can abokanka suke. Kuɗin aikin ka sayi ƙaramar na'ura daban don tsofaffin gem.

Batun laifi, a raba abu biyu. Manhajar da ke kwaikwayon tsohuwar na'ura, wato imuleta, wata kotun ɗaukaka ƙara a Amurka ta ba masu irinta gaskiya a 2000, a shari'ar Sony da kamfanin Connectix. Amma gem ɗin kansu suna da masu su, tsufa bai mai da su na kowa ba, kuma kwafa da sayar da su keta haƙƙin mallaka ne. Nintendo ba ya wasa da wannan: a 2024 masu manhajar Yuzu, mai kwaikwayon Switch, sun amince su biya shi dala miliyan 2.4, suka rufe. Hanya mafi tsafta ita ce ka kwafi faifan da ka mallaka, ko ka buga waɗanda masu sha'awa suka rubuta suka saki kyauta. Fatawa kuwa ta malamai ce, ka kai musu bayanin yadda na ba ka shi.

Tambaya: Ni ɗalibi ne, kuɗina kaɗan ne. PSP ko R36S? Daga Maraɗi.

Amsa: Ko ɗaya. Wayar Android da ke aljihunka ta fi su ƙarfi duka biyun. Ka sauke PPSSPP daga Play Store don gem ɗin PSP, kyauta ce, RetroArch kuma don na Sega da Nintendo. In danna gilashi ya gundure ka, ka sayi abin riƙo mai Bluetooth, ka gwada shi da wayarka a shagon kafin ka biya. Ka kiyayi shafukan da ke cewa sai ka sauke wata manhajarsu kafin su ba ka gem, ta nan ake shigo wa mutum waya, a cikinta kuwa har da manhajar bankinka. Sauran kuɗin ka riƙe na makaranta.