Jinin AS, cizon sauro da neman auren 'yar baffa

TAMBAYA: Assalamu alaikum. Allah gafarta Malam, ni ɗalibi ne a makarantar koyon aikin jinya. An koya mana cewa jinin AS ya yawaita a ƙasashenmu ne saboda mai ɗauke da shi ya fi jure zazzaɓin cizon sauro, shi ya sa tun kaka da kakanni masu shi suka riƙa tsira suna hayayyafa. Da na faɗa wa baffana sai ya ce wannan aƙidar Darwin ce, Baturen nan da ya ce halittu sun rikiɗo ne daga juna, duk wanda ya yarda da ita ya ƙaryata halittar Annabi Adamu. Ga shi kuma 'yarsa nake nema, har an kai gaisuwar iyaye. Ita an gwada ta, AS ce, kowa a gida ya sani. Ni ma na je na gwada a ɓoye, AS ne, amma ban gaya wa kowa ba, kuma wani abokina ya ce zai samo mini takarda mai AA. Shin imanina ya taɓu? Kuma auren ya halatta?

AMSA: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗana, tambaya biyu ka yi, amma maganar da ta fi su nauyi ka ratsa ta da gudu, wato takardar abokinka. Kafin mu kai gare ta, ka kwantar da hankalinka: imaninka bai taɓu ba.

Abin da malamanku suka koya muku abu ne da aka gani, aka ƙirga, aka sake gwadawa. Kowane mutum yana gadon ƙwayoyi biyu na sinadarin da ke ɗaukar iska a cikin jajayen ƙwayoyin jini, ɗaya daga uba, ɗaya daga uwa; ta lafiya ana kiranta A, mai jawo sikila kuma S. Wanda ya gaji S ta wajen biyu, ƙwayoyin jininsa sukan lanƙwashe kamar lauje, su toshe ƙananan hanyoyin jini, su mutu cikin kwana 10 zuwa 20 maimakon kusan kwana 120. Wannan shi ne amosanin jini, ko sikila. Wanda kuwa ya gaji S ɗaya da A ɗaya, galibi lafiyarsa ƙalau, kuma idan ƙwayar zazzaɓin cizon sauro ta shiga jininsa ba ta samun wurin zama yadda take so, saifa kan tace ƙwayoyin da suka kamu da wuri, sai ya zamana ba kasafai zazzaɓin ke kai shi ga halaka ba tun yana yaro. Wani likita mai suna Anthony Allison, wanda ya tashi a Kenya, shi ya nuna haka a 1954 bayan binciken da ya yi a gabashin Afirka. Ka duba inda S ya yi yawa a duniya: Afirka ta Yamma da ta Tsakiya, gabashin Saudiyya wajen Ƙaɗif da Ahsa, da wasu sassan Indiya, duk wuraren da wannan zazzaɓi ya daɗe yana cin yara. A Najeriya kusan mutum ɗaya cikin huɗu yana ɗauke da shi.

Ra'ayin baffanka ba nasa ba ne shi kaɗai. Na ji shi daga bakin masu wa'azi da nake girmamawa, kuma kishin addini ne ya kai su gare shi, amma kuskure ne, kuma kuskure mai tsada, domin yana sa ɗalibai irinka su ɗauka cewa dole su zaɓi ɗaya, ko karatunsu ko kalmar shahada.

Abin da nassi ya yanke shi ne Allah ya halicci Annabi Adamu, alaihis salam, daga ƙasa, ba uwa ba uba, kuma dukkan mutane zuriyarsa ne. Wanda ya ce Adamu ya fito daga tsatson wata dabba ya saɓa wa Alƙur'ani, a wannan ba mu da ja da baffanka. Amma mai AA da mai AS da mai SS duk 'ya'yan Adamu ne, ba wanda ya fita daga zama mutum. Maganar ita ce: shin jikin zuriyar Adamu yana sauyawa bayansa? Wanda ya ce a'a, da hadisi yake jayayya, ba da malamin makarantarku ba. Bukhari da Muslim sun ruwaito cewa tsawon Adamu zira'i sittin ne, sannan halitta ba ta gushe tana raguwa ba har zuwa yanzu. Ka ga an ambaci sauyi a jikin ɗan Adam, mai tafiya sannu a hankali daga zamani zuwa zamani, kuma daga bakin mai gaskiya (SAW). Suratur Rum ta kira saɓanin harsunanmu da launukanmu ayoyin Allah, alhali uba ɗaya ne. Sannan ga mutumin nan da ya zo yana shakkar ɗansa saboda an haife shi baƙi, Annabi (SAW) ya tambaye shi launin raƙumansa, ya nuna masa cewa jijiyar gado takan ɓuya a kakanni ta bayyana a jika. Wannan shi ne ainihin yadda iyaye biyu masu lafiya suke haifar mai sikila.

Masu ra'ayin baffanka suna kafa hujja da faɗin Allah Maɗaukaki cewa babu canji ga halittar Allah. Ka karanta ayar daga farkonta, a kan fiɗira take magana, wato addinin da aka halicci mutane a kansa, kuma haka manyan masu tafsiri suka fassara ta. Da ana nufin jiki ba ya sauyawa, da ba za a ga Banufe da Balarabe da mutumin Sin sun bambanta ba.

Suna kuma cewa daga littattafan Darwin maganar ta fito. To, gaskiya ba ta zama ƙarya don mai faɗinta ya haɗa ta da ɓata. Shaiɗan ma ya taɓa gaya wa Abu Huraira falalar Ayatul Kursiyyu, Annabi (SAW) ya ce ya gaya maka gaskiya alhali shi maƙaryaci ne. Mu karɓi abin da ido ya tabbatar, mu bar masu abin da suka gina a kai na inkarin Mahalicci. Kuma baffanka da kansa ya ga irin wannan a rayuwarsa. Ka tambaye shi me ya sa kulorokwin da yake warkar da zazzaɓi a ƙuruciyarsa ya daina aiki, har gwamnati ta sauya magani. Ƙwayoyin cutar da maganin yake kashewa sun mutu, waɗanda suka jure suka rage suka hayayyafa. Ka tambayi Bafulatanin da ya taɓa kora fararen shanunsa zuwa kurmin kudu, zai gaya maka yadda sammore ke kayar da su inda tsando ya yi yawa, alhali gajerun shanun can, irin su muturu, suna kiwonsu a wurin, don sun daɗe a cikinsa. Ba wanda ya taɓa kafirta makiyayi don ya faɗi haka. Mutanen Tibet da ke zaune a kan tudu mai tsawon mita 4,000 suna noma suna haihuwa a iskar da take sa baƙo haki da ciwon kai. Duk wannan yana cikin faɗin Allah cewa shi ne ya bai wa kowane abu halittarsa sannan ya shiryar.

Inda za ka yi hattara shi ne lafazi da abin da zuciya ta ƙudurta. Littattafanku sukan ce yanayi ne ya zaɓa, kamar yanayi yana da nufi da iko. Ka san hadisin da ya raba wanda ya ce an yi mana ruwa da falalar Allah da wanda ya jingina ruwan ga tauraro. Sauro sababi ne, zazzaɓi sababi ne, mai ƙaddarawa Allah ne. A jarrabawa ka rubuta bayanin yadda abin yake gudana kamar yadda aka koya maka, ba laifi. Amma kada ka je ka tsaya gaban ƙanin mahaifinka kana ɗaga masa murya da boko. Ka kai masa hadisin tsawon Adamu cikin ladabi, in ya karɓa to, in bai karɓa ba ka yi shiru. Shi ma ina yi masa nasiha da ya ji tsoron jifan musulmi da kafirci a kan abin da bai bincika ba.

Yanzu ga aure. Auren 'yar baffa halal ne, ba saɓani. Auren AS da AS kuma idan an ɗaura ya ɗauru, domin ba ya cikin aibobin nan huɗu da malamanmu na Malikiyya suka ce ana mayar da aure saboda su. Da a ce kun sani ku duka, ita da waliyyinta, da sai in ce makaruhi ne, in ba ku shawarar haƙura. Amma kai kaɗai ka sani, kuma kana tunanin kai musu takardar ƙarya. Wannan haramun ne ba tare da wata tantama ba. Shaidar zur ce, algus ne, kuma cutarwa ce ga yarinyar da ga 'ya'yan da ba su zo ba. Iyalin da suka gwada 'yarsu suka ga AS, sannan suka jira takardarka, sun riga sun shar'anta cewa ba za su ba mai S ba ko da ba su furta ba, kuma a mazhabarmu idan an shar'anta kuɓuta daga wani aibi sannan aka same shi, wanda aka yaudara yana da zaɓi. Wato ranar da asiri ya tonu, kuma haihuwa takan tona shi, tana da hakkin kai ka gaban alƙali. Wanda ya buga takardar da abokin da ya yi dalili duk suna da kamasho a zunubin. Hukuma ma ta shigo maganar: Saudiyya ta wajabta wannan gwaji kafin aure tun 2004, Jihar Kano ta yi tata dokar a 2024, kuma biyayya ga shugaba a abin da yake maslaha wajibi ce.

Kai ɗalibin jinya ne, ka fi ni sanin lissafin, amma bari in tuna maka don so yakan sa mutum ya manta. Kowane ciki da za ta ɗauka yana da kashi ɗaya cikin huɗu na zama SS. Ba wai cikin 'ya'ya huɗu ɗaya ne kawai zai kamu ba. Kowane ciki lissafinsa sabo ne, akwai gidan da uku a jere suka zo da shi. Kuma ka san wanda zai kwana a asibiti yana riƙe da yaron da ke ihu saboda ciwon ƙashi, yana neman wanda zai ba da jini cikin dare. Ita ce. Sau da yawa kuma ita dangi za su ɗora wa laifi, su ce jininta ne. Ka ce kana son ta, to kada ka zaɓa mata wannan rayuwa ba da saninta ba.

Masu cewa gwaji rashin tawakkali ne, amsar Sayyidina Umar ga Abu Ubaida ranar annobar Sham ta ishe su: muna gudu daga ƙaddarar Allah zuwa ƙaddarar Allah. Kada kuma wani ya ruɗe ka da cewa za a riƙa gwada cikin, in SS ne a zubar. Abin dogaro a wajen malamanmu shi ne ba a zubar da ciki bayan ya shiga, kuma mai sikila mutum ne da yake rayuwa, ya yi karatu, ya yi aure, ba a ƙulla aure a kan niyyar zubar da irinsa.

Abin da za ka yi shi ne ka sake gwajin a babban asibiti, domin ƙananan wuraren gwaji sukan yi kuskure, ita ma a sake nata. In ya tabbata, ka samu mahaifinka ko wani babba da baffanka yake jin nauyinsa, a gaya masa kafin a sa rana, tun kunyar ba ta yi yawa ba. Ita ma a gaya mata da baki mai daɗi, kada ta ji a bakin 'yan gulma. Zumunci zai girgiza na ɗan lokaci, amma ya fi ya tsinke gaba ɗaya bayan an gano ka yaudare su. Kada ku bari a yayata sakamakonta a unguwa har maneman kirki su gudu, AS ba cuta ba ce, mai AA zai aure ta ba fargabar sikila a 'ya'yansu, kai ma haka. Waɗanda kuma suka riga suka yi aure kafin su sani, ba na ce musu su rabu ba, maganata a kan wanda bai shiga ba ce.

In bayan sun sani sarai, ita da mahaifinta suka ce sun ji sun gani, auren bai haramta ba, sai dai ka ɗauki nauyin da ka zaɓa: a gwada kowane jariri da wuri, a cika masa rigakafi, a riƙa kai shi asibitin masu sikila, a kiyaye shi daga sanyi da ƙishirwa da sauro. Kai kanka kada ka yar da gidan sauro don an ce AS yana jure zazzaɓi, yana rage tsananinsa ne, ba ya hana kamuwa. Abokin nan naka kuma ka gaya masa ya tuba, domin wanda ya san inda ake buga irin wannan takarda, da wuya a ce kai ne na farko da ya yi wa tayi. Gobe kai ma za a damƙa maka sakamakon jinin mutane a hannunka, wani zai zo da kuɗi ya roƙe ka abin da kake shirin roƙa yau, ka tuna da amsar da na ba ka.

Wallahu a'alam.