Tambayoyin Masu Karatu: Shiga ofis da asibiti ga wanda ba ya jin Turanci

Wasiƙun wannan watan sun fi zuwa daga karkarar Kano da Jigawa, kuma yawancinsu kuka ɗaya suke yi: takardun hukuma da Turanci suke, masu buƙatarsu kuwa Hausa suke ji. Mun zaɓi huɗu.

Tambaya: Mahaifina manomi ne, ba ya jin Turanci. Banki ya tsayar masa da asusu, wai sunansa na NIN (lambar shaidar ɗan ƙasa) bai yi daidai da na BVN (lambar tantancewa ta banki) ba. Mene ne mafita? Daga wani mai karatu a ƙaramar hukumar Ringim.

Amsa: Malam, wannan matsala ta cika bankuna, kuma tushenta ranar rajista ne. Baba ya faɗi sunansa da baki, ma'aikacin ya buga yadda kunnensa ya ji. Nan a rubuta Muhammadu, can a rubuta Mohammed. Wani wurin a sa sunan mahaifi a gurbin sunan dangi, wani a sa na kaka ko na gari. Kwamfuta ba ta san mutum ɗaya ba ne. Harafi ɗaya ya saɓa, sai ta ƙi.

Ka fara da tattara takardunsa duka: takardar NIN, katin zaɓe, da bayanin da banki zai buga muku na BVN. Lambobin biyu kowacce alƙaluma 11 ce. Idan sun ɓace, a layin wayar da aka yi rajista da shi *346# na fito da NIN, *565*0# kuma na fito da BVN, ana cire ɗan kuɗi kaɗan. Ku jera takardun, ku duba abu uku harafi bayan harafi: rubutun sunan, jerin sunayen, da ranar haihuwa. A takardunmu rana ce ke fara zuwa, sai wata, sai shekara.

Wanda ya kauce shi ake gyarawa. Idan NIN daidai yake, aikin na banki ne: a je reshe da Baba da kansa, a cika takardar gyara, galibi su nemi takardar rantsuwa daga kotu. Idan NIN ɗin ne ke da kuskure, sai hukumar NIMC mai ba da NIN. Rajistar farko kyauta ce, amma gyara ana biya, kuma gyaran ranar haihuwa ya fi tsada da wahala, don sai an haɗa da takardar shaida daga Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa. A biya ta hanyar hukuma a karɓi rasit. Kada ka ba kowa lambar sirrin katin Baba ko lambar da banki ke turowa ta waya da sunan zai taya ku. Ma'aikacin banki ma ba ya tambayarsu.

Daga yau ku rubuta cikakken sunansa da manyan baƙaƙe a ƴar takarda, ya riƙa ajiye ta a aljihu. Duk inda aka tambayi suna, ya miƙa ta.

Tambaya: Na ba wani jinginar gonata, ya kawo takarda da Turanci ya ce in dangwala. Ban dangwala ba tukuna. Shin dole ne? Daga wani dattijo a yankin Bichi.

Amsa: Baba, ka yi daidai da ka dakata, kuma ba dole ba ne. Dangwale sa hannu ne cikakke. Rigimar gona da yawa daga nan take tashi: an yi maganar jingina ko haya da baki, takarda kuma ta ce sayarwa.

Babu abin da ya hana a rubuta yarjejeniyarku da Hausa, kuma kotunan shari'ar Musulunci na Kano da Jigawa da Hausa suke zama. Ka ce a sake rubutawa da harshen da ku biyu kuke ji. A bayyana a fili cewa jingina ce, nawa aka bayar da alƙaluma da kalmomi, damina nawa, yadda za a fanshi gonar, da sunayen maƙwabtan gona gabas da yamma, kudu da arewa. A yi gaban mai unguwa ko dagaci da shaidu daga ɓangarorin biyu, kowa ya tafi da kwafinsa. Kada a bar fili tsakanin layin ƙarshe da wurin sa hannu, don nan ake cusa ƙari daga baya.

Idan ya nace sai ta Turancin, akwai dokar kare waɗanda ba su iya karatu ba. Ta wajabta wa wanda ya rubuta takardar ya sa sunansa da adireshinsa a jikinta, shaidar cewa an karanta maka an kuma bayyana maka kafin ka dangwala. Amma mai karanta maka ya zama naka, malamin makaranta ko ɗanka da ka yarda da shi, ba wanda mai jinginar ya zo da shi ba. Ya bi layi-layi. "Ai abin da kuka yi magana ne" ba fassara ba ce.

Wannan ƙa'ida ta fi ƙarfi a ofishin ƴan sanda da kotu. Kundin Tsarin Mulki na 1999, sashe na 35, ya ce wanda aka kama a sanar da shi dalili a rubuce cikin awa 24 da harshen da yake ji. Sashe na 36 kuma ya ba wanda ake tuhuma da laifi haƙƙin tafinta ba tare da ya biya ba. Kada kowa ya dangwala a bayanin da ba a karanta masa da Hausa ba.

Tambaya: Idan na kai yaro asibiti, likita kan rubuta magani da wasu haruffa, in dawo gida in rasa yadda zan ba shi. Daga wata uwa a kusa da Gumel.

Amsa: Hajiya, ko masu jin Turanci waɗannan haruffan na rikita su, domin rubutun ma'aikatan lafiya ne tsakaninsu. Idan kin ga bd, sau biyu a rana ke nan. Tds sau uku. 5/7 kuwa kwana biyar. Sai dai kada ki dogara da karanta takarda. Kafin ki bar tagar magani ki tambayi abu huɗu kan kowane magani: na mene ne, nawa ake ba shi, sau nawa, kwana nawa. Sannan ki maimaita wa ma'aikacin da bakinki, ya ji ko kin kama. Ki roƙe shi ya ja zane a jikin ledar: layi biyu ga sau biyu, uku ga sau uku. Kusan duk asibitocin sha-ka-tafi na yankinku da Hausa ake magana. Kunyar sake tambaya ce ke cutarwa.

Ga wuraren da aka fi tuntuɓe. Maganin zazzaɓin cizon sauro irin Coartem sau shida ake shan sa cikin kwana uku. Na biyu bayan awa 8 da na farko, sauran safe da dare, tare da nono ko abinci mai maiƙo. Iyaye kan tsaya da zarar jiki ya yi sanyi, zazzaɓin ya dawo. Ruwan gishiri da sukari na gudawa, fakitin lita ɗaya a ledar fiya-wata biyu ake zuba shi gaba ɗaya, a zubar da saura bayan awa 24. Ƙwayar zinc da ke tare da shi a ci gaba da ita aƙalla kwana 10 ko gudawar ta tsaya. Katin rigakafi kuma a sa a faɗa miki ranar dawowa da ranar kasuwarku, ta fi zama a kai: bayan ta haihuwa akwai ta mako 6, 10 da 14, sai wata 9 da wata 15.

Tambaya: A sakatariyar ƙaramar hukuma akwai masu tsayawa a bakin ƙofa suna cika wa mutane fom a biya su. Na hukuma ne? Daga wani matashi a Ɗambatta.

Amsa: Mai tsayawa a bakin ƙofa ba ma'aikaci ba ne, sana'arsa yake yi, kuma ba ya ɗaukar alhakin kuskuren da ya rubuta. Ka shige ciki ka tambayi ma'aikaci da Hausa ko akwai kuɗi, kuma nawa ne. Idan ma'aikaci ya ƙi sauraronka don ba ka jin Turanci, ko ya nemi kuɗi ba rasit, ka riƙe ranar da sunan ofishin ka kai ƙara Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a ta tarayya, wadda ke da ofis a Kano da Dutse. Ba a biyan ko sisi wajen shigar da ƙorafi.