Ga ɗan'uwan da ya ce tawali'u na jawo masa raini

Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Tun jiya na ga tambayarka, na bar ta ta kwana a raina kafin in sa baki. Ka ce tun tasowarka ake yi maka nasihar ƙanƙan da kai, amma duk sa'ad da ka yi hakan a wurin aiki sai a raina ka, a jibga maka aikin wasu, masu kumfar baki kuma su wuce gaba. Shi ne kake tambaya ko tawali'u na da wata alaƙa da hikima, ko dai rauni ne aka raɗa wa suna mai daɗi.

Ni ba malami ba ne, aikin gini nake kula da shi, yau shekara 20 da ɗoriya. Abin da ya same ni zan fara gaya maka.

Ina sabon shiga, ga takarda a hannu ga jini a jika, aka ba ni kula da wani gini. Ranar da za mu yi daɓen tsakar gida, wani dattijo cikin leburori ya matso kusa da ni, ya ce, "Yallaɓai, ruwa fa ba zai bi ta nan ba, can zai koma." Mutumin nan bai iya karanta zanen gini ba, ko sunansa bai iya rubutawa ba. Ga birkiloli a tsaye suna kallo. Na ce masa, "Baba, ci gaba da kwaɓa siminti, wannan ba aikinka ba ne." Bai ƙara cewa uffan ba. Ruwan farko da ya sauka, ɗakuna biyu suka cika. Sai da muka fasa daɓen, muka sake haƙa magudana daidai inda ya nuna.

Asarar ta yi mini ciwo, amma akwai abin da ya fi ta. A lokacin da yake maganar, na kalli ƙasar, kuma zuciyata ta ce mini da gaskiyarsa. Na ƙi ne saboda bakin da maganar ta fito, da kuma idanun da ke kanmu. Da wani injiniya ne ya faɗa, da hannu biyu zan karɓa. Ilimin yana gabana, kyauta, girman kai ne ya rufe mini ƙofa. Ba banza ba ake ce masa rawanin tsiya.

Daga baya na ji hadisin da ke cikin Sahihu Muslim, wanda Abdullahi ɗan Mas'ud ya ruwaito. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya ce mai ƙwayar zarra ta girman kai a zuciyarsa ba zai shiga Aljanna ba. Wani ya ce, ai mutum yana son tufafinsa da takalminsa su yi kyau. Sai aka amsa masa cewa Allah mai kyau ne kuma yana son kyau, girman kai shi ne ƙin gaskiya da raina mutane. To juya wannan ka ga mene ne tawali'u: karɓar gaskiya ko daga wa ta zo, da daina kallon mutane a wulaƙance. Duba da kyau, babu inda aka ce ka sunkuyar da kai a taka ka, babu inda aka ce ka ɗauki aikin mutum uku ka yi shiru. Ina ganin a nan ne aka haɗa maka abubuwa biyu da ba ɗaya ba ne.

Alaƙarsa da hikima kuwa a fili take. Hikima ba a haihuwar mutum da ita, tara ta ake yi, kuma mafi yawanta daga gyara take zuwa: ka yi kuskure, wani ya nuna maka, ka yarda, ka canza. Mai girman kai shi ma yana kuskure kamar kowa, sai dai ya yanke igiyar da gyaran zai biyo. Mutane suna gwada shi sau ɗaya, sau biyu, su ga yadda yake murtuke fuska, daga nan su bar shi da halinsa. Shekara goma yana aiki, amma kuskuren shekarar farko yake maimaitawa, kuma kowa ya sani sai shi. Gwano dai ba ya jin warin jikinsa.

Imamu Malik, malamin Madina da ya rasu a shekara ta 179 bayan hijira, mutane kan yi tafiyar watanni su zo yi masa tambaya. An ruwaito cewa an taɓa tambayarsa mas'aloli 48, ya ce "ban sani ba" a kan 32. Wannan bai rage masa daraja ba, shi ne ma ya sa idan ya ce ya sani, ake kama maganarsa da ƙarfi. Ni kaina na lura da haka a aiki: birkilan da ke cewa "wannan ban taɓa yi ba, bari in tambaya" na fi sakin jiki da shi a kan wanda kome ka ambata ya ce ya iya.

Kada ka ɗauka maganar wa'azi ce kawai. A ranar 27 ga Maris 1977, jirage biyu ƙirar Boeing 747, ɗaya na kamfanin KLM ɗaya na kamfanin Pan Am, suka yi karo a filin jirgin sama na tsibirin Tenerife cikin hazo mai kauri, mutum 583 suka mutu. Matuƙin jirgin KLM ƙwararre ne, shi ke horar da sauran matuƙa a kamfanin. Da ya fara gudu don tashi, injiniyan da ke zaune bayansa ya tambaya ko ɗaya jirgin ya fita daga hanya. Ya ba shi amsa da ƙarfi cewa ya fita, alhali bai fita ba. Dalilan hatsarin suna da yawa, har da rikicewar magana ta rediyo, amma wannan na cikin abubuwan da suka sa daga baya aka fara koya wa ma'aikatan jirgi cewa na ƙasa ya faɗi abin da ya gani ba tsoro, na sama kuma ya saurara. Duk lokacin da na tuna labarin nan, dattijon nan da daɓena nake tunawa. Nawa dai siminti ne kawai.

Sai dai ka lura, darasin ya hau kan na ƙasa ma, kuma nan ne ya shafe ka. Mujahid, ɗaya daga cikin tabi'ai, ya ce mai jin kunya da mai girman kai ba sa koyon ilimi. Ya haɗa su wuri guda, domin dukkansu kansu suke karewa. Wani shirun da muke kira tawali'u, tsoro ne tsagwaronsa. Idan an ɗora maka aikin da ba naka ba, ka ce cikin ladabi, "Ranka ya daɗe, ga abin da ke hannuna, wanne zan ajiye in ɗauki wannan?" ba ka fita daga tawali'u ba ko taku ɗaya. Idan ka san lissafi bai yi daidai ba ka yi gum don kada a ce ka cika iyayi, ka ɓoye gaskiya ne, ba ƙanƙan da kai ka yi ba.

Akwai kuma tawali'u na jabu, wanda ya fi ba ni haushi. Mutum ya riƙa cewa "ni wane ne, ni ba kowa ba ne", yana jira a ce masa a'a, ai kai babba ne. Gwada gyara masa kalma ɗaya ka ga yadda zai tashi. Ni yanzu ba na auna mutum da laushin muryarsa ko yawan rusunawarsa. Ina jira in ga fuskarsa ranar da wanda bai kai shi ba ya gyara masa.

Kuma wurin da ya fi wuya ba ofis ba ne, gida ne. Ka karɓi gyara daga maigidanka, wannan dole ce ta sa. Ka ce wa matarka "ke ce da gaskiya", ko ka ce wa ɗanka mai shekara 12 "na yi maka faɗa a kan abin da ba ka yi ba, ka yi haƙuri", nan ake gane na gaske. Na daɗe kafin bakina ya iya furta waɗannan, har yanzu ma wani lokaci sai ya yi nauyi.

Batun masu kumfar baki da suke wuce ka, ba zan yi maka ƙarya ba, wasunsu za su ci gaba da wucewa, wasu ma har su yi ritaya a sama. Ban yi maka alkawarin ƙarin girma ba. Abin da na gani da idona shi ne, ranar da aiki ya cije, ba wajensu ake zuwa ba.

Shi kuwa dattijon, bayan mun gama gyara na same shi a gaban mutanen da na gwasale shi, na ce, "Baba, ka faɗa mini ban ji ba, ka yafe mini." Ya yi dariya ya ce ba kome, ruwa ne ya raba gardama. Mun ƙara shekara shida muna aiki tare, kuma ban sake yin daɓe ba sai ya zagaya wurin ya nuna mini inda ruwa zai bi.