Yaya aka yi Tampa Bay ta buga kaka guda ba ta ci wasa ko ɗaya ba?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni mai kallon ƙwallon Turai ne, kwanan nan na fara bin zari-rugar Amurka ta gasar NFL. Na ji an ce a 1976 ƙungiyar Tampa Bay Buccaneers ta buga wasa 14 ta sha kashi a duka. A ƙwallon da na sani, ko wadda ke can ƙasan teburi takan yi canjaras, ko ta taki sa'a ta ci wasa biyu ko uku. Yaya ƙwararrun da ake biya albashi za su yi haka? Kocin ne bai san aikinsa ba? Kuma me ya hana a tura su ajin 'yan dagaji?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Abin da ka ji haka yake, har ma ya wuce nan. Bayan wasa 14 na 1976, sun sake shan kashi a wasa 12 na farkon kakar 1977, wato wasa 26 a jere ba su ɗanɗana nasara ba. Sai dai tun kafin a busa usur na farko aka riga aka shuka wannan faɗuwa, a ranar da hukumar NFL ta tsara yadda sabuwar ƙungiya za ta samu 'yan wasa.

A 1976 ne aka ƙara ƙungiyoyi biyu a gasar, Tampa Bay ta jihar Florida da Seattle Seahawks, suka tarar da tsofaffi 26. Sabuwar ƙungiya ba ta da ɗan wasa ko ɗaya, don haka aka ce kowace tsohuwa ta ba da mutum uku, 78 ke nan, sababbin biyu su raba 39-39. A ido kamar an yi adalci. To amma an bar kowace tsohuwar ƙungiya ta fara keɓe mutum 29 da ba za a taɓa mata ba. Yi lissafi da kanka: masu fara wasa a wannan ƙwallo 22 ne, 11 na kai hari da 11 na tsaro, sai masu bugun ƙafa biyu, 24 ke nan. Ashe duk wanda ke fara wasa a ko'ina an kulle shi, har da manyan 'yan benci biyar. Abin da aka baza wa Tampa a faifai shi ne daga mutum na 30 zuwa ƙasa: wanda shekaru suka cim masa, da wanda gwiwarsa ta lalace, da wanda kocinsa ke neman hanyar rabuwa da shi. Kuma ba a ba su bayanan lafiyar mutanen ba, sun yi cinikin biri a sama.

Za ka ce me ya hana mai ƙungiyar, Hugh Culverhouse, ya buɗe bakin aljihu ya sayo taurari, yadda attajiri kan yi idan ya sayi kulob a Ingila? Kusan babu wannan kasuwa a lokacin. A yawancin shekarun nan, ɗan wasan da kwantiraginsa ya ƙare ba shi da cikakken 'yancin komawa inda yake so, domin duk wadda ta ɗauke shi sai ta biya tsohuwar ƙungiyarsa diyya mai nauyi, abin da ya sa kusan ba wanda ke motsi. Sai a 1993 aka buɗe kasuwar sosai. Babbar hanyar da ta rage ta samun haziƙi ita ce zaɓen 'yan jami'a da ake yi kowace shekara. Tampa ce ta fara zaɓe a 1976, ta ɗauki Lee Roy Selmon na Jami'ar Oklahoma, mai tsaro na sahun gaba, sannan ta ɗauki ɗan'uwansa Dewey a zagaye na biyu. Zaɓin ya yi kyau ƙwarai, Lee Roy ya shiga zauren karrama gwarzayen ƙwallon a 1995. Amma mutum ɗaya ne cikin 22, kuma rauni ya hana shi kammala kakar.

Yanzu ga dalilin da ya sa sa'ar da kake gani a ƙwallon ƙafa ba ta cika aiki a nan ba. A ƙwallon Turai ƙaramar ƙungiya kan tare gida da mutum goma, ta saci ƙwallo ɗaya a bugun kusurwa, ta riƙe har a tashi. A zari-rugar Amurka ba inda za ka ɓuya. Ana ba masu hari dama huɗu su ci yadi 10. In sun ci a sabunta musu huɗun, in sun kasa ƙwallo ta koma hannun abokan karawa. Kowace dama ana farawa ne da mutum biyar na katanga, ƙarti masu nauyi, suna karo da ƙartin ɗaya ɓangaren ƙirji da ƙirji. Ana yin irin wannan karo sama da sau ɗari a wasa guda. Wanda ya fi ka ƙarfi zai iya yin kuskure sau biyar ko goma, amma ba zai yi sau ɗari ba. Canjaras ma ya yi wuya, domin tun 1974 aka kawo ƙarin lokaci a wasannin kaka.

Katangar nan ita ce inda Tampa ta fi rauni, kuma daga nan komai yake warwarewa. Madugun hari, wanda suke kira kwatabak, yana buƙatar kamar daƙiƙa uku bayan an miƙo masa ƙwallo: ya ja da baya taku biyar ko bakwai, ya duba masu gudu, ya jefa. In katanga ta tsage a daƙiƙa biyu, ɗayan uku ne zai faru. Ko a kayar da shi da ƙwallo a hannu a yi asarar yadi bakwai ko takwas, ko ya jefar da ita a banza, ko ya yi gaggawa ya jefa wa abokin hamayya. Madugunsu Steve Spurrier ne, wanda ya lashe kyautar Heisman ta gwarzon 'yan jami'a a 1966, amma ya shafe yawancin shekarunsa tara a San Francisco 49ers yana benci. Yana da shekara 31, a bayan katangar da aka harhaɗa daga ragowar ƙungiyoyi daban-daban. Aikin katanga kuwa na sabo ne. Mutum biyar ɗin dole kowa ya san wanda na kusa da shi zai tare idan masu tsaro suka sauya wuri a daƙiƙar ƙarshe, kuma wannan sanin juna shekaru yake ci, ba makonnin atisaye ba.

Alƙaluman kakar sun nuna hakan ƙarara. Sun ci maki 125 a wasa 14, ƙasa da tara a kowane wasa, aka ci su 412. Sau biyar suka tashi ba ko maki ɗaya: Houston ta yi musu 20-0 a wasan farko, San Diego 23-0, Cincinnati 21-0, New York Jets 34-0, Pittsburgh 42-0. Makinsu na farko sai a wasa na uku da Buffalo, shi ma duk da ƙafa Dave Green ya buga tsakanin sanduna sau uku, aka tashi 14-9. Karon farko da suka kai ƙwallo gidan abokan hamayya, wato cin da ke ba da maki shida, sai a wasa na huɗu da Baltimore Colts, kuma ba masu hari ne suka kai ta ba. Mai tsaro ne, Danny Reece, ya tsinci ƙwallon da ta suɓuce ya sheƙa da ita.

Kada maki 412 ɗin nan su sa ka ɗora wa masu tsaro laifin duka. Idan masu hari suka yi dama uku ba su ci yadi 10 ba, sai su buga ƙwallo sama su sallama ta, abin da bai fi minti biyu na agogon wasa ba. Masu tsaro ba su gama shan ruwa ba an sake kiransu fili, kuma sau da yawa abokan hamayya na farawa ne daga tsakiyar fili, tafiyar ta zama gajera. Haka za a yi ta yi har kashi na uku da na huɗu na wasa, ƙafafu su yi nauyi. Gajiyayyen jiki kuma shi rauni ke samu. Kafin kakar ta ƙare sama da mutum goma sha biyar na jinya, a ƙungiyar da dama can ba ta da na benci masu ƙwari. Aka koma ɗauko waɗanda wasu suka sallama a tsakiyar kaka, mutum ya iso a farkon mako, ranar Lahadi a sa shi fili bai haddace tsarin wasa ba.

Jadawalin ma bai taimake su ba. An sa su a AFC, ɗaya daga ɓangarori biyu na gasar, aka ce su kara da kowace ƙungiyar ɓangaren sau ɗaya, 13 ke nan, sai Seattle ta cika 14. Ba su samu damar haɗuwa da mai rauni sau biyu ba, kuma a shekarar nan AFC ta cika da zakuna. Oakland Raiders ta ci 13 cikin 14 ta je ta ɗauki kofin Super Bowl, wato wasan ƙarshe na gasar, ita ta yi musu 49-16. Pittsburgh Steelers ce mai riƙe da kofi sau biyu a jere. New England da Baltimore kowacce ta ci 11. Damar da suka samu ta gaske biyu ce, a mako na shida da na bakwai. Da Seattle an tashi 13-10, bayan Mike Curtis ya tare bugun da zai farke wasan ana dab da tashi. Da Miami an tashi 23-20. Da tazarar maki uku-uku kacal aka doke su a wasannin biyu.

Batun koci kuwa, John McKay ba ƙaramin mutum ba ne. Sau huɗu ya ci kambun jami'o'in Amurka da Jami'ar Kudancin Kalifoniya, a 1962 da 1967 da 1972 da 1974. Amma yana da nasa kason. Salon da ya yi suna da shi na gudu da ƙwallo ne ta gefe, ƙarti na share hanya a gaba, kuma salo ne na wanda ya fi abokin karawarsa ƙarfi. A jami'a shi ke da ƙartin. A Tampa kowane mako na ɗaya ɓangaren sun fi nasa, ya kuma daɗe bai sassauta ba. Dangantakarsa da Spurrier ma ta yi tsami, aka sallami madugun bayan kakar. Dubi Seattle da aka haifa shekara ɗaya da su ƙarƙashin doka ɗaya: ta dace da matashin madugu Jim Zorn mai iya zillewa da ƙafa idan katanga ta fashe, da mai cafke ƙwallo Steve Largent da ta karɓo daga Houston da araha, ta ci wasa biyu. A ganina wannan shi ne iyakar abin da koci mafi dabara zai iya ƙara wa Tampa a shekarar, wasa biyu ko uku.

Amsar tambayarka ta ƙarshe gajera ce: babu ajin 'yan dagaji a NFL. Gasa ce rufaffiya, mai ƙungiya ya sayi gurbinsa ne da kuɗi, ba a fitar da shi don ya sha kashi. Maimakon hukunci, wadda ta zo ta ƙarshe ita ke fara zaɓen 'yan jami'a a shekara mai zuwa. Da haka Tampa ta ɗauki mai gudu Ricky Bell a 1977. A kakar nan hari ya ƙara lalacewa, maki 103 kacal, sau shida ba su ci komai ba, amma tsaro ya miƙe, makin da aka ci su ya sauko zuwa 223. Tsaron ne ma ya karya ƙofar. Ranar 11 ga Disamba 1977 suka doke New Orleans Saints 33-14 a gidanta, inda masu tsaro suka cafke jifa shida, uku daga ciki suka zama cin maki shida-shida. Mako na gaba suka doke St. Louis Cardinals 17-7 a Tampa, 'yan kallo suka ɓarke cikin fili suka tumɓuke sandunan raga don murna.

A 1978 suka miƙa wa Houston zaɓin farko, suka karɓi mai cafke ƙwallo Jimmie Giles da wasu zaɓuɓɓuka, da ɗaya daga ciki suka ɗauki madugu Doug Williams na Jami'ar Grambling. A 1979, da McKay ɗin nan dai, suka ci wasa 10 cikin 16, suka lashe rukuninsu, aka zaɓi Selmon gwarzon mai tsaro na shekara, suka fitar da Philadelphia da 24-17, sai Los Angeles Rams ta tsayar da su da 9-0 saura taki ɗaya su kai Super Bowl.

Da aka tashi ƙara Carolina Panthers da Jacksonville Jaguars a 1995, an ba su ƙarin gurabe a zaɓen 'yan jami'a, ga kuma kasuwar 'yan wasa a buɗe, ga ƙa'idar iyakance albashi da ta tilasta wa tsofaffin ƙungiyoyi sakin wasu nagartattu. Carolina ta ci wasa 7 a kakarta ta farko, kuma a ta biyu dukansu biyun sun kai wasan da ke gaban Super Bowl.