Tambaya da Amsa: Bafaranshen da ke tsallake benaye a fim

Tambaya: Assalamu alaikum, Malam. Ɗana mai shekara 13 ya kalli wani fim na Faransa a wayar yayansa, inda wani mutum yake gudu a kan rufin benaye yana tsallakawa daga wannan zuwa wancan. Tun ranar ya daina shiga gida ta zaure sai ta katanga, shekaranjiya kuwa ya diro daga kan rumbu ya gurɗe ƙafa. Wane ne mutumin nan, kuma da gaske yake yi ko dabarar kwamfuta ce?
Wata uwa daga Argungu, Jihar Kebbi.

Amsa: Wa'alaikumus salam, Hajiya, Allah ya ba yaro lafiya. Bisa kwatancenki, David Belle ne a fim ɗin Banlieue 13 na shekarar 2004, wanda Pierre Morel ya ba da umarni. Mafi yawan tsalle-tsallen da yaronki ya gani da jikinsa ya yi su, domin shi ne ake dangantawa da kafa wasan tsallake shinge da suke kira parkur.

An haife shi a garin Fécamp a 1973. Mahaifinsa, Raymond Belle, ma'aikacin kashe gobara ne a birnin Faris, wanda aikinsa ya ƙunshi hawa gini da saukowa lafiya domin ceton rai, kuma daga gare shi ɗan ya gaji wannan horo, kafin ya ci gaba da shi tare da abokansa a garin Lisses. Duniya ta ƙara saninsa a 2002 ta wani tallan BBC, daga baya ya fito a kashi na biyu na fim ɗin a 2009, sannan a Brick Mansions tare da Paul Walker a 2014.

Abin da nake so ki lura da shi, Hajiya, shi ne lokacin da fim ɗin farko ya fito Belle ya haura shekara 30, ya kuma shafe fiye da rabin rayuwarsa yana wannan horo. Masu wasan suna fara koyon saukowa kafin su koyi hawa: mutum ya dira a kan gaban tafin ƙafarsa, ba a kan dunduniya ba, ya lanƙwasa gwiwa, sannan ya mirgina ta kafaɗa domin nauyin faɗuwar ya bazu a jiki maimakon ya taru a idon sahu. A wurin ɗaukar fim kuma ana auna tazarar, a maimaita gwaji, kafin a kunna kyamara. Duk wannan ba ya fitowa a fuskar waya.

A ganina dukan yaron ba zai raba shi da abin ba, sai dai ya koma yi a ɓoye, wanda ya fi haɗari. A fara kai shi asibiti a duba ƙafar, domin abin da ake ɗauka targaɗe ne yakan zama tsagewar ƙashi. Idan ya warke, mahaifinsa ko kawunsa ya kai shi filin yashi inda samari ke kokawa, ya koyi dira da mirginawa daga tsayin da bai wuce gwiwarsa ba, a kuma hana shi katanga da rumbu kwata-kwata.