Anna Magnani ba daga titi aka tsinto ta ba

'Yar'uwa, kin ce kin kalli wani guntun fim na Anna Magnani, jarumar finafinan Italiya, ba ki ga komai ba sai ihu da gashi a hargitse, kina tambaya me ya sa ake ta kambama ta, kuma gaskiya ne ba ta taɓa koyon wasa ba? Na daɗe ina bibiyar finafinan Italiya na bayan yaƙi, bari in faɗa miki abin da na fahimta.

Maganar cewa ba ta koya ba, ki ajiye ta gefe. An haife ta a birnin Rum a 1908, kakarta ta wajen uwa ce ta raine ta, don mahaifiyarta ta tafi Iskandariyya ta ƙasar Masar. Ta shiga makarantar koyon wasan kwaikwayo mai sunan Eleonora Duse a Rum, daga nan ta bi ƙungiyoyin wasa gari-gari, tana waƙa a gidajen shaƙatawa. Lokacin Yaƙin Duniya na Biyu tana kan dandamali tare da Totò, babban ɗan barkwancin Italiya, a irin wasan nan mai haɗa waƙa da raha. 'Yan kallon irin wannan wasa ba sa rufa wa kowa asiri. In ka ba su dariya su tafa, in ka gaza su yi maka ature nan take. A nan ta san lokacin da ake jefa magana da lokacin da ake yin shiru. Abin da kika ɗauka ihu ne kawai, a aune yake.

Ki fara da Roma città aperta na Roberto Rossellini, 1945. Ta fito a matsayin Pina, bazawara mai juna biyu da ke shirin aure, sojojin Jamus suka kama angon suka jefa a mota. Ta ƙwace daga hannunsu, ta bi motar da gudu tana kiran sunansa, Francesco, suka harbe ta a gaban ɗanta. An ɗauko wannan ne daga kisan wata mata, Teresa Gullace, da aka yi a Rum a 1944. Kowa wannan gudun yake nunawa, ni kuwa roƙona ki kalli fim ɗin daga farko. Ki ga yadda take hira da saurayin a kan matakalar bene, murya ƙasa-ƙasa, gajiya ta kama ta. Na sha nuna wa abokai fim ɗin, kuma na lura waɗanda suka ga guntun kaɗai ba abin da ya taɓa su, waɗanda suka zauna da Pina tun farko su ne ke kasa magana.

Na biyu, Bellissima na Luchino Visconti, 1951, wanda ni a wurina ya fi duk sauran. Uwa ce talaka da ta dage sai 'yarta ƙarama ta zama tauraruwa a Cinecittà, babbar cibiyar shirya finafinai ta Rum. Ta kashe ɗan abin da suka tara, sannan ta laɓe ta ga masu fim suna ƙyaƙyata dariya a kan gwajin yarinyar. Ki dubi fuskarta a wurin. Duk wadda ta taɓa ɗora burinta a kan ɗa za ta gane.

Batun Oscar kuwa, marubucin Amurka Tennessee Williams ya rubuta wasan kwaikwayon The Rose Tattoo saboda ita, amma ta ƙi yin sa a dandamalin New York don Turancinta bai nuna ba. Da aka mai da shi fim a 1955 tare da Burt Lancaster sai ta yarda, ta kuma karɓi Oscar a 1956, ita ce 'yar Italiya ta farko da ta ci na gwarzuwar jaruma. Ta yi wani fim ɗin Amurka da Marlon Brando. Duk da haka ba zan tura ki finafinan Amurka da farko ba, don Italiyancin mutanen Rum ne ƙarfinta, da Turanci kamar an ɗaure mata hannu ɗaya.

Rayuwa ba ta yi mata sauƙi ba. Ɗanta tilo, Luca, da ta haifa a 1942, shan inna ya kama shi yana ƙarami, ita ta ɗauki nauyin jinyarsa. Rossellini, wanda suke soyayya da shi, ya bar ta ya koma wa jaruma Ingrid Bergman, jaridu suka yi ta yayatawa. Ina jin haushin yadda wannan labari kan rufe aikinta.

Bayan Mamma Roma na Pasolini a 1962, masu fim suka rage neman ta, sai ta koma dandamali. A 1965 ta yi La lupa ƙarƙashin Franco Zeffirelli, tana da shekara 57. Fitowarta ta ƙarshe 'yar gajeriya ce a Roma na Fellini, 1972, ciwon daji ya yi ajalinta a Satumban 1973.

Ki nemi finafinanta waɗanda ke da fassara a rubuce a ƙasa, kada ki kalli wanda aka ɗora wa muryar wata. Rabin wasanta a muryarta yake, da wannan dariyar tata mai kauri.